Babi na Bakwai: Alƙalin da Ba Shi da Dogari

Ranar Alhamis 10 ga Oktoban 2002, a birnin Heg na ƙasar Holan, shugaban Kotun Duniya, wani Bafaranshe mai suna Gilbert Guillaume, ya karanta hukuncin shari'ar da Kamaru da Najeriya suka shekara takwas suna tafkawa. Alƙalai 13 suka ce yankin Bakassi na Kamaru ne. Uku suka ƙi: Abdul Koroma ɗan Saliyo, da Francisco Rezek ɗan Brazil, da Bola Ajibola, wanda Najeriya ta zaɓa ya zauna mata a cikin alƙalan saboda wannan shari'a kaɗai.

A ranar da aka yanke hukuncin, sojojin Najeriya ne ke riƙe da mafi yawan Bakassi. Akwai ƙaramar hukuma mai suna Bakassi a jihar Kuros Riba, sunanta na rubuce cikin kundin tsarin mulkin 1999. Mafi yawan mazauna wurin masunta ne 'yan Najeriya, Efik da Ibibiyo da maƙwabtansu, da naira suke ciniki, Kalaba suke kallo a matsayin gida. Kamaru ba ta da ƙarfin da za ta fitar da sojan Najeriya daga cikin waɗannan fadamu, kotun kuwa ko ɗan sanda ɗaya ba ta da shi. A gidan alƙali na gargajiya, in aka yanke hukunci mutum ya yi taurin kai, dogari ke zuwa ya taso ƙeyarsa. Kotun Duniya alƙali ce da ba a ba ta dogari ba. Duk da haka, kafin shekara shida ta cika, Najeriya ta kwashe sojanta da 'yan sandanta ta miƙa wurin. Wanda duk yake son ya gane iyakar ƙarfin ƙungiyoyin duniya, da inda ƙarfin yake fitowa, to ya tsaya ya dubi yadda aka yi hakan ta faru.

Kotun ɗaya ce daga manyan rassan Majalisar Ɗinkin Duniya, an kafa ta tare da Majalisar a 1945, ta fara zama a 1946. Alƙalanta 15 ne, kowanne shekara tara yake yi, Babban Zaure da Kwamitin Sulhu ke zaɓensu. Mutane kan rikita ta da ɗaya kotun da ke Heg, mai hukunta manyan laifuka, wadda ke gurfanar da mutum ɗaiɗai. Wannan tamu ba ta ɗaure kowa. Ƙasa ce kawai ke kai ƙara gabanta, ƙasa ce kawai ake kai ƙara. Kuma ba ta da hurumin sauraron shari'a sai ƙasashen biyu sun yarda da ita, ko dai a kan rigimar da ke gabansu, ko ta wata yarjejeniya, ko kuma tun da farko sun ajiye takardar cewa duk wanda ya yarda da kotun yana iya kai su gabanta. Najeriya ta ajiye irin wannan takarda tun 1965, zamanin Tafawa Ɓalewa. Kamaru ba ta ajiye tata ba sai farkon Maris na 1994, kafin watan ya ƙare kuma ta shigar da ƙara. Lauyoyin Najeriya sun yi ta ƙorafin cewa kwanton ɓauna aka yi musu, sun shekara huɗu suna gardamar hurumi, a 1998 kotu ta ce ƙofar da kuka buɗe da hannunku ce aka shigo ta ciki.

Asalin rigimar takardun Turawa ne. A Satumban 1884 Birtaniya ta ƙulla yarjejeniyar kariya da sarakunan Tsohuwar Kalaba. A ranar 11 ga Maris 1913 Birtaniya da Jamus, wadda ke mulkin Kamaru a lokacin, suka sa hannu a wata yarjejeniya da ta ajiye iyaka a kogin Akwayafe, abin da ya jefa Bakassi ɓangaren Jamus. Hujjar Najeriya a kotu mai shiga hankali ce: sarakunan Kalaba kariya suka nema, ba sayar da ƙasarsu suka yi ba, wanda bai mallaki abu ba kuwa ba shi da ikon yin kyauta da shi. Ta ƙara da cewa shekara da shekaru ita ke karɓar haraji a wurin, ita ke da makarantu da asibitoci da kotuna. Alƙalai suka amsa cewa a dokar wancan zamani, irin wannan takardar kariya hanya ce ta mallake ƙasa, haka Birtaniya ta ɗauke ta, haka sauran Turawa suka ɗauke ta. Suka ce kuma daɗewar zama a wuri ba ya kashe takardar mallaka in akwai ta. Bahaushe ya ce shari'a saɓanin hankali. Kotun da aka kafa bayan yaƙin duniya, a zamanin da ake kiran 'yancin kai, ta dubi mutanen da kakanninsu suka zauna a wuri tun kafin Bature ya zo, ta ce musu abin da aka rubuta a Landan ya fi zamansu nauyi.

Sai dai kafin a ɗora laifin duka a kan Heg, a tuna cewa shugabannin Afirka da kansu suka zaɓi wannan ƙa'ida. A taron Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka a Alƙahira, Yulin 1964, suka yi alƙawarin kowa zai mutunta iyakar da ya gada ranar samun 'yanci. Maroko da Somaliya ne suka nuna ƙin yarda, don kowaccensu na da ƙasar da take hange a gidan maƙwabta. Sauran sun san iyakokin na zalunci ne, amma sun hango cewa in aka ce kowace ƙabila ta bi 'yan'uwanta, ba ƙasar da za ta kwana lafiya. Najeriya ta fi kowa cin moriyar wannan ƙa'ida bayan shekara uku, lokacin da Biyafara ta ɓalle, ƙungiyar ta tsaya a kan cewa ba a raba ƙasa. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Akwai kuma wata tsohuwar hulɗa da Majalisar Ɗinkin Duniya a kan wannan iyaka, wadda mutanen Adamawa da Taraba da Borno ba su manta ba. Bayan an ci Jamus a yaƙin duniya na farko, aka raba Kamaru tsakanin Faransa da Birtaniya a matsayin amana, da farko a ƙarƙashin tsohuwar Ƙungiyar Ƙasashe ta Janiba, daga 1946 kuma a ƙarƙashin Majalisar. A Fabrairun 1961 Majalisar ta sa ido aka yi ƙuri'ar raba gardama a ɓangaren Birtaniya. Arewacinsa, wato su Mubi da Ganye da Gembu da Gwoza da Dikwa, kusan kashi 60 cikin ɗari suka zaɓi Najeriya, aka sa wa mafi yawan yankin suna Lardin Sardauna. Kudancinsa ya zaɓi Kamaru, Bakassi kuwa a taswirar lokacin cikin kudu take. Shugaban Kamaru Ahmadu Ahidjo, Bafulatanin Garwa, ya ji zafin rasa arewa ƙwarai, har ya kai ƙarar Birtaniya wannan kotu ta Heg. A 1963 kotu ta ƙi yanke hukunci, ta ce amana ta riga ta ƙare, duk abin da za ta faɗa ba zai canja kome ba. Kamaru ta haɗiye. Wato ƙuri'ar da ta ba Najeriya Mambila ita ce ta raba ta da Bakassi, kuma da wuya mutum ya riƙe rabin farko ya yi watsi da na biyu.

Maganar da ta fi yawo a bakin mutane ita ce Janar Gowon ne ya yi kyauta da Bakassi don ya saka wa Ahidjo, wanda ya rufe iyakarsa ga Biyafara lokacin yaƙi. Gowon ya sha musanta wannan. Abin da ke rubuce shi ne shugabannin biyu sun sa hannu a wata sanarwa a Marwa ranar 1 ga Yunin 1975, wadda ta tsawaita iyakar cikin teku da ta faro daga bakin Akwayafe, kuma jan layin a nan yana nufin an ɗauka Bakassi tana hannun Kamaru. Bayan wata biyu aka kifar da Gowon. Najeriya ta ce Majalisar Ƙoli ta Soja ba ta taɓa amincewa da takardar ba. Kotu ta ce sa hannun shugaban ƙasa ya wadatar, ba aikin Kamaru ba ne ta bi diddigin yadda sojojin Legas ke gudanar da cikin gidansu. Daga nan sai jini ya fara zuba jefi-jefi. A Mayun 1981 aka kashe sojojin Najeriya biyar a wani artabu, aka matsa wa Shehu Shagari ya rama, ya ƙi, Kamaru ta ba da haƙuri. A ƙarshen 1993 Abacha ya tura soja suka shiga, abin da ya sa shugaban Kamaru Paul Biya ya tafi kotu ke nan.

Sunan Bakassi ya danne sauran shari'ar, alhali iyaka ce ta kusan kilomita 2,000 aka kai gaban alƙalai, daga Tafkin Cadi har teku. Ɓangaren tafkin ya fi kusa da mai karanta wannan littafi. A farkon shekarun 1960 faɗin ruwan tafkin ya kai murabba'in kilomita 25,000. Da fari ya zo a shekarun 1970 da 1980, ruwa ya janye, ya bar ƙasa mai albarka da tsibirai. Masunci ba taswira yake bi ba, ruwa yake bi. Hausawa da Barebari da sauransu suka yi ta matsawa gabas a bayan kifi, inda suka tsaya suka kafa bukka, bukka ta zama ƙauye, ƙauye ya zama gari irin Darak. Suna banda kifi ana lodinta zuwa Baga da Maiduguri, suna shuka masara da wake a inda ruwa ya tashi. Hukuma ta biyo su a baya: ƙaramar hukumar Ngala ta naɗa masu unguwanni, ta karɓi haraji, aka kawo 'yan sanda da makaranta da ɗakin shan magani. Ba wanda ya ga ranar da aka tsallaka iyaka, don lokacin da Turawa suka ja layin, wurin ruwa ne tsundum. Amma layin na nan a takardun Birtaniya da Faransa na 1919 da 1931, da ma'aunin da ba ya janyewa kamar ruwa. Kotu ta ce ƙauyukan na Kamaru ne.

Najeriya ba ta tashi hannu rabbana ba, ko da yake a zafin lokacin ba wanda ya tsaya lissafi. A wurare da dama na tsaunukan da ke tsakani, kotu ta karɓi fassarar Najeriya. A teku, Kamaru ta so a karkata layin don ta sami rabo mai tsoka, kotu ta ƙi, ta bi tsakiya, manyan rijiyoyin man Najeriya na cikin ruwa suka tsira. Kamaru ta nemi diyyar mamaya, nan ma ba ta samu ba.

Martanin farko daga Abuja zafi ne. Gwamnati ta fitar da sanarwa tana cewa shugaban kotun Bafaranshe ne, cikin alƙalai akwai 'yar Ingila da Bajamushe, wato 'ya'yan ƙasashen da suka rubuta takardun ne suka zauna duba aikin iyayensu. Maganar na da daɗin ji, amma ko an cire ukun, sauran 10 sun rinjayi ukun da suka ƙi. 'Yan majalisa da 'yan jarida suka yi ta kiran a yi watsi da hukuncin. A takarda, Kamaru na da inda za ta kai kuka: sashe na 94 na kundin Majalisar ya ce in wata ƙasa ta ƙi bin hukuncin kotu, ɗayar na iya zuwa Kwamitin Sulhu. A wannan wata na Oktoba ma Kamaru ce ke shugabancin Kwamitin, da yake tana riƙe da kujerar wucin gadi. To amma kowa ya san tarihin wannan sashe. A Yunin 1986 kotu ta sami Amurka da laifin dasa nakiyoyi a tashoshin ruwan Nikaraguwa da ɗaure wa 'yan tawaye gindi. Nikaraguwa ta kai maganar Kwamitin Sulhu, Amurka ta hau kujerar naƙi, magana ta mutu a nan. A Maris na 2022 kotu ta umarci Rasha ta dakatar da yaƙi a Yukiren, ba a fasa harbi ko na yini ɗaya ba. Najeriya ba ta da kujerar naƙi, gaskiya ne, amma tana da mai, tana da sojoji a ayyukan kiyaye zaman lafiya, kuma ba wata babbar ƙasa da za ta tura 'ya'yanta su mutu a fadamar Bakassi. Da ta so zama, da ta zauna. Habasha ta nuna ana iyawa: a wannan shekara ta 2002 wani kwamitin sasanci ya ba Eritiriya garin Badme, Habasha ta ƙi tashi, ba ta ce ta karɓi hukuncin gaba ɗaya ba sai 2018.

A nan ne Kofi Annan, ɗan Ghana, Babban Sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya na lokacin, ya shigo, kuma a ganina aikinsa ya fi na alƙalan wuya. Tun kafin a karanta hukunci, a Satumban 2002, ya haɗa Obasanjo da Biya a Faris, ya fito ya ce sun yarda za su mutunta duk abin da kotu ta yanke. Daga baya mutanen Obasanjo suka ce ba haka aka yi ba, amma magana ta riga ta fita duniya. Bayan hukunci da wata guda ya sake haɗa su a Janiba, aka kafa hukumar haɗin gwiwa a ƙarƙashin wakilinsa na Afirka ta Yamma, Ahmedou Ould-Abdallah ɗan Muritaniya. Wanda ya jagoranci tawagar Najeriya shi ne Bola Ajibola, alƙalin da ya ƙi hukuncin. Wannan zaɓi akwai hikima a cikinsa, don ba mai iya cewa Ajibola bai yi wa Najeriya faɗa ba. Hukumar ta riƙa zama yau Abuja gobe Yawunde, kuma ba ta fara da ƙashi mai tauri ba. Ta fara da tafki: a Disamban 2003 Najeriya ta janye daga ƙauyuka sama da 30 na yankin Darak, ba a harba ko harsashi ɗaya ba. Sai aka koma musayar ƙauyuka a kan tudu, nan Najeriya ta bayar, can ta karɓa. Kafin a iso Bakassi, an riga an saba da miƙawa.

Duk da haka an saɓa wa'adin farko na 2004, aka yi ta jan ƙafa. Sai ranar 12 ga Yunin 2006, a wani gida da ake kira Greentree kusa da birnin New York, shugabannin biyu suka sa hannu a gaban Annan, da wakilan Amurka da Birtaniya da Faransa da Jamus a matsayin shaidu. Najeriya za ta kwashe soja cikin kwana 60, 'yan sandanta da ma'aikatanta su ƙara shekara biyu a wani sashe. Kamaru ta yi alƙawarin ba za ta kori kowa ba, ba za ta tilasta wa kowa canja ƙasa ba, ba za ta hana masunta kamun kifi ba. Soja suka fita a Agustan 2006. Majalisar Dattawa ta ce a 2007 ba a kawo mata yarjejeniyar ta amince ba kamar yadda tsarin mulki ya tanada, saboda haka ba ta san da ita ba. Umaru Musa 'Yar'aduwa, wanda ya hau mulki da kirarin bin doka, ya cika alƙawarin wanda ya gada. Ranar 14 ga Agustan 2008 aka yi bikin miƙawa a Kalaba, ba a Bakassi ba, saboda barazanar 'yan bindiga.

Me ya sa Obasanjo ya yarda? Ba a shiga zuciyar mutum, amma ana iya duba abin da ke gabansa a waɗannan shekaru. Ya karɓi ƙasar da duniya ta juya wa baya a zamanin Abacha, har an dakatar da ita daga ƙungiyar ƙasashe renon Ingila. Yana yawon neman a yafe bashi, wanda ya samu a 2005 lokacin da masu bin bashi na Faris suka yafe dala biliyan 18. Yana shugabancin Tarayyar Afirka, yana sasanta rigingimun wasu, Najeriya kuma na hangen kujerar dindindin a Kwamitin Sulhu. Mai neman waɗannan abubuwa ba zai so a riƙa nuna shi a matsayin wanda ya take hukuncin kotu ba. Ga Faransa, wadda ke da yarjejeniyar tsaro da Kamaru. Ga kamfanonin mai, waɗanda ba sa son zuba kuɗi a ruwan da ba a san mai shi ba. Shi kansa tsohon soja ne da ya ga yaƙin basasa a wannan kusurwa ta ƙasar. Abin da Majalisar ta ba shi shi ne hanyar sauka ba tare da kunya ba. Da Biya ne ya ce ka fita, ba shugaban Najeriya da zai fita ya kwana a kan mulki. Amma kotu ce ta faɗa, ɗan Ghana ne ya roƙa, manyan duniya huɗu ne suka shaida.

Haka abin yake a sauran shari'o'in maƙwabtanmu. Gaddafi ya riƙe zirin Awuzu na arewacin Cadi tun shekarun 1970. Kotu ta ba Cadi gaskiya a Fabrairun 1994, kafin ƙarshen Mayu Libiya ta kwashe sojanta a gaban masu sa ido na Majalisar. Ana yawan kawo wannan a matsayin nasarar doka, a manta cewa a 1987 sojojin Cadi a cikin motocin Toyota sun yi wa na Libiya kaca-kaca a Wadi Dum, takunkumi kuma na shaƙe Gaddafi a lokacin hukuncin. Ya gaji da Awuzu, kotu ta ba shi dalilin saki. Nijar da Binin kuwa sun kusa gwabzawa a 1963 a kan tsibirin Lete da ke cikin kogin Kwara kusa da Gaya. Bayan shekara kusan 40, a zamanin Tandja da Kerekou, suka kai maganar Heg hannu da hannu. A 2005 aka ba Nijar Lete, aka raba tsibiran, 16 na Nijar har da Lete, 9 na Binin, kowa ya koma gida ya ce wa mutanensa ai shari'a ce.

Aikin da ba a ɗaukar hotonsa shi ne na masu safiyo. Hukunci kalmomi ne, dole wani ya je ya mayar da su turakun siminti a kan dutse. Takardun da ake bi na Turawan da suka zagaya a kan doki ne wajen 1930, suna cewa iyaka ta bi kogi kaza, ta bar ƙauye kaza a hannun Faransa. Kogin ya canja hanya, ƙauyen ya tashi ya koma gaba da sunansa, wani sunan ma ƙauyuka biyu ke amsa shi. A wani wuri cikin duwatsun Mandara, takardar da kanta ta ce a bi layin da wani mai zanen taswira Bajamushe, Moisel, ya zana bisa kuskure, ta kira shi kuskure kuma ta ce shi za a bi. Sai tawaga ta hau dutse, ɗan Najeriya da ɗan Kamaru da ma'aikacin Majalisa, da na'urar auna wuri ta tauraron ɗan'adam, dattawan gari na biye da su kowa na nuna inda kakansa ya yi noma. In an dasa turke, wani gidansa na nan gonarsa na can. A Janairun 2017 'yan bindiga suka kashe mutum biyar cikin masu wannan aiki kusa da Konca. Boko Haram ta tsayar da shi a arewa na tsawon lokaci. Fiye da shekara 20 bayan hukunci ana ta fama da sauran 'yan wuraren da ba a daidaita ba.

Waɗanda suka biya kuɗin wannan zaman lafiya su ne waɗanda ba a tambaya ba. A 1961 an ba mutanen Mubi ƙuri'a. A 2002 ba wanda ya ba masuntan Bakassi ko na Darak. Dokar kotun ba ta san su ba: Obong na Kalaba, wanda yarjejeniyar kakanninsa ce ake gardama a kanta, ba shi da ikon tsayawa gaban alƙalai ya yi magana da bakinsa. Majalisar Ɗinkin Duniya taron gwamnatoci ce, kuma duk lokacin da maslahar gwamnatoci ta ci karo da ta mutanen wani lungu, an san wanda zai haƙura. Dubban mutane suka bar Bakassi suka koma sansanoni a Akpabuyo da kewaye, inda aka yanko wani yanki aka laƙaba masa sunan tsohuwar ƙaramar hukumar. Masuncin teku aka ajiye a kan tudu aka ce ya yi noma. Waɗanda suka zauna sun yi ta kuka da jandarmomi da haraji. Jihar Kuros Riba ta rasa bakin teku, a 2012 kuma Kotun Ƙoli ta tabbatar wa Akwa Ibom rijiyoyin mai 76 da jihohin biyu ke jayayya a kansu.

Hukuncin Kotun Duniya ba a ɗaukaka shi, amma dokarta ta bar wata 'yar kafa: cikin shekara goma, in an gano wata sabuwar hujja da ba a san da ita ba lokacin shari'a, ana iya neman a sake dubawa. Da wa'adin ya ƙarato a 2012, mutanen Bakassi da lauyoyinsu da majalisun tarayya biyu suka taso Goodluck Jonathan a gaba. Su ba su da ikon shigar da takardar, sai Abuja. Aka kafa kwamiti, aka duba abin da suka kawo. Ana saura kaɗan lokaci ya cika, ministan shari'a Mohammed Adoke ya sanar cewa ba wata sabuwar hujja da za ta tsaya a gaban kotu, kuma shigar da ƙarar da za a faɗi zai zubar da mutuncin ƙasar. A Agustan 2013 shekara biyar ɗin sassauci da aka yi alƙawari a Greentree suka ƙare, Kamaru ta karɓi cikakken iko. Daga lokacin, ɗan Najeriyar da ya zaɓi zama a Bakassi ko dai ya nemi zama ɗan Kamaru, ko ya yanki takardar izinin zama irin ta kowane baƙo.